Murjanin Bahar Maliya, Ginin da Alhazanmu Ke Tsallakewa

A Anka da Gummi da Bukkuyum, in aka ce murjani, hankali wuyan amarya yake tafiya, ko ƙasan adudun wata tsohuwa inda aka ƙulle jan tsakiya a tsumma tun zamanin kakanni. Na gasken daga Bahar Rum yake fitowa, fataken Sahara suka riƙa kawo shi Kano ta Tarabulus. Yawancin na kasuwa yau roba ne ko gilashi. Amma murjani ba dutse ba ne tun asali, dabba ce ke gina shi, kuma wasu danginsa da suka fi shi iya gini suna Bahar Maliya, tekun da jirgin alhazanmu ke ketawa cikin 'yan mintuna.

Dabbar ƙanƙanuwa ce, jiki taushi, baki ɗaya zagaye da 'yan yatsu. Tana zuƙo sinadarin farar ƙasa daga ruwan gishiri ta yi wa kanta mazauni. In ta mutu, na bayanta su ɗora nasu a kai, kamar yadda gara ke tayar da suri, har a samu tudu mai tsawon kilomitoci a ƙarƙashin ruwa. A cikin naman jikinta akwai wata gansakuka da ido ba ya gani, ita ke haɗa abinci da hasken rana ta ciyar da mai masaukinta, ita ce kuma ke ba ta launi. In ruwa ya ɗumama fiye da ƙima, ko da digiri 1 ne na 'yan makonni, sai dabbar ta kori baƙuwar, ta koma fara fat, yunwa ta kama ta.

Mu ma ba baƙin irin wannan aiki ba ne. Dutsen da ake fasawa a Kalambaina kusa da Sakkwato ana yin siminti, ɓawon halittun teku ne da suka taru shekaru kusan miliyan 60 da suka wuce, lokacin da ruwan gishiri ya rufe wajen. Duwatsun zinariyar Anka sun girme shi nesa ba kusa ba.

Alhazan da, masu tafiyar ƙasa ta Chadi da Sudan, sun san murjani da tafin hannunsu. A Sawakin, bakin Bahar Maliya, suke jiran jirgin ruwa, kuma gidajen garin da tubalin murjani aka gina su, haka ma tsohon garin Jidda, wanda UNESCO ta sa cikin kayan tarihin duniya a 2014. Wanda ya shafa bangon zai ji 'yan ramuka jere, kowane rami ɗakin dabba guda ne. Murjanin da ya gina Sawakin yana cikin abin da ya durƙusar da ita: mashigarta ta yi wa manyan jirage ƙunci, Turawa suka fara gina Port Sudan a 1905, ciniki ya koma can.

Abin da ya fi ɗaukar hankalin masana yana can ƙuryar arewa, a mashigin Aƙaba, inda Masar da Jordan da Isra'ila da Saudiyya suka haɗa gaɓa. Wurin ya fita daga yankin zafi, ana sanyin hunturu, amma murjani ya yi kaka-gida. Babu kogin da ke zuba cikin Bahar Maliya duk shekara, saboda haka ruwan garau yake, rana na ratsa shi. Kifi ya haura iri 1,000, ga kunkurun teku, ga wani kifi mai baki irin na aku da ke gurguran murjani ya kasayar da farin yashi.

A gwaji an ɗumama wa murjanin Aƙaba ruwa da kusan digiri 5 sama da zafin bazararsa, bai yi fari ba. Bayanin da masana suka fi karkata gare shi tarihi ne. Shekaru kusan 20,000 da suka wuce teku ya ja baya da wajen mita 120, Bahar Maliya ta kusa toshewa, gishiri ya yi mata yawa. Da ruwa ya dawo, sai da sabbin murjani suka bi ta Babul Mandab, ƙofar tekun ta kudu, inda ruwa ke da zafi ƙwarai. Mai jurewa ne kaɗai ya wuce, jikokinsa suka isa arewa da juriyar da ba su buƙata tukuna.

Wasu na cewa nan ne mafakar murjanin duniya. Ni dai ina ganin an yi saurin yin guɗa. Jure zafi ba jure malalar mai ba ne, ko ruwan kwata, ko ƙurar manyan gine-ginen da ake ta yi a gaɓar. A 2023 wata cuta ta kusa ƙarar da baƙar bushiyar teku a Aƙaba cikin 'yan makonni, alhali ita ke kiwon ciyawar da in ta yi yawa take lulluɓe murjani ta hana ƙanana samun wurin kamawa.