Maganar mutanen tashar jirgin ruwa

Nijar ba ta da teku. Amma shinkafa da sukari da motoci da yawa da muke gani a kasuwa, cikin jirgin ruwa suka zo. Shekara da shekaru ana sauke su a tashar Kwatano, wadda aka buɗe a 1965. Da aka rufe iyakar Gaya a 2023, sai kaya da yawa suka koma biyowa ta Lome.

Mutanen tasha suna da irin tasu magana. Mu koyi kaɗan daga ciki.

Da faransanci tashar sunanta «le port». Dakalin da jirgi yake tsayawa a jikinsa shi ne «le quai». Babban jirgi ba ya iya juyawa shi kaɗai cikin tasha. Wani ƙaramin jirgi mai ƙarfi, «le remorqueur», shi yake jan sa, ko ya tura shi. In babu wuri, sai jirgi ya jira a waje. Ya saki anga, «l'ancre», wani ƙarfe mai nauyi da yake kama ƙasan teku.

Kaya suna cikin rumbun jirgi, «la cale», ko cikin manyan akwatunan ƙarfe, «les conteneurs». Ƙaramin akwati tsawonsa mita 6 ne, babba mita 12. Injin da yake ɗaga su shi ne «la grue». Ƴan dakon tasha kuwa «les dockers» ake ce musu.

A cikin jirgi ba a cewa hagu da dama. Don me? Domin in mutum biyu suna fuskantar juna, hagun wannan shi ne daman wancan. Kuskure ɗaya yana iya sa jirage su yi karo. Saboda haka in ka fuskanci goshin jirgi, hagunka «bâbord» ne, damanka «tribord». Ko ina ka juya, sunan ba ya sakewa. Da dare ana kunna jar fitila a «bâbord», tsanwa a «tribord». Mai jirgin da ya hango su ya san inda ɗan uwansa ya dosa.

Gudun jirgi da «nœud» ake auna shi. «Nœud» ɗaya shi ne mita 1852 a awa ɗaya.

Matuƙa suna da barkwanci kuma. Tsohon matuƙi da ya san teku sarai, «loup de mer» suke ce masa, wato kyarkecin teku. Wanda bai iya ba, su yi masa ba'a da «marin d'eau douce», wato matuƙin ruwan gulbi.

Tambayoyi
1. Mene ne aikin «le remorqueur»?
2. Don me ba a cewa hagu da dama a cikin jirgi?
3. Jirgi yana gudun «nœuds» 10. Mita nawa zai yi a awa ɗaya?