RUMMAN: AJIYA TUN BISA ICCE TAKE HWARAWA

Ɗan uwa mai garka, da kai ɗan kasuwa mai tarbon motocin Agadas, wannan magana taku ce.

Idan kaka ta yi, rumman ya kan bayyana bisa tebura a Tawa da Damagaram da Maraɗi har Yamai. Wanda anka hi sani shi ne na garaken Abzin, musamman na Timiya, garin da ke cikin duwatsu sama da kilomita 200 daga Agadas. Nan kudu ma akwai masu icce biyu ko ukku bakin rijiya. Matsalar ita ce lokaci guda yake nuna. Kasuwa ta cika, kuɗɗinshi su hwaɗi, bayan ƴan makwanni kuma a neme shi a rasa. Wanda nashi ya kai wannan lokaci lahiya lau, shi ke da ciniki.

Ɓawon ne ke ruɗin mutane. Ka taɓa shi ka ji tauri kamar ƙirgi, ka ce ba abin da zai same shi. Alhali cike yake da ƴan ƙananan ƙohohin da ido bai gani, ta nan ruwan jikinshi ke hita. Ka bar shi cikin rana ko iska mai bushi, kwana kaɗan ya yamutse, nauyinshi ya ragu.

Abu na hwarko da za ka riƙe: rumman ba mangwaro ba ne, ba ayaba ba ne. Bai ƙara nuna bayan an cire shi. Zaƙin da ya sauko da shi daga icce, da shi za a ci shi. Kada ka dogara ga ja kaɗai, don akwai irin da ke nuna ɓawonshi na nan ɗorawa-ɗorawa. Nunanne ya kan hidda kusurwa a gehe, ya yi nauyi a hannu, in ka ƙwanƙwasa shi da yatsa ka ji ƙara kamar ta ƙarhe. Kada kuma ka jinkirta da yawa, sai ya tsage bisa reshe, balle in iccen ya sha ƙishirwa sa'an nan anka cika mashi ruwa tashi ɗaya.

Ka cire shi da sahe, bayan raɓa ta bushe. Ba a hizge shi, ba a girgiza icce. A sa wuƙa mai kaihi ko almakashi a yanke daf da jikinshi, don tsinken da ya rage kada ya soki na kusa da shi. Wanda ya hwaɗi ƙasa ya bugu, ko bai nuna rauni ba, ba na ajiya ba ne.

Sai ka zauna inuwa ka tantance. Mai tsaguwa, mai huji, mai ƙunar rana, duk gehe guda, a ci ko a saida yau. Wanda ya yi girma amma ba nauyi, ka yi shakkarshi: akwai cutar da ke shiga tun yana hure, waje ya yi kyau, ciki ya yi baƙi. Ka leƙa bakin nan mai kamar kambi, nan ƙwari da hunhuna ke laɓewa. Kada ka wanke shi. Goge shi da busasshen tsumma ya isa.

Inda ake da ɗakin sanyi, ana aje shi digiri 5 zuwa 7 cikin iska mai laima, ya kai wata biyu ko hiye. In sanyin ya yi ƙasa da digiri 5 ya daɗe, ɓawon da hwarar hwatar ciki sai su yi duhu. Mai firigo ya kula da wannan.

Mu da ba mu da lantarki, randa biyu ita ce tamu. Ka sa ƙarama cikin babba, ka cika tsakaninsu da rairai, ka jiƙa rairan sahe da marece, ka ruhe baki da jiƙaƙƙen tsumma, ka girke ta inda iska ke ratsawa. Wani malamin makaranta na jihar Jigawa ta Najeriya, Mohammed Bah Abba, ya yaɗa dubarar ga cikin shekarun 1990. Ta hi aiki lokacin ɗari, sa'ad da iska ke bushe. Ruwa dai kada ya taɓa rumman ɗin kanshi.

In kayan na da yawa, naɗe kowane ɗaya cikin takarda, ka jera su cikin kwali da busasshiyar ciyawa, jeri biyu ko ukku, ɗakin ƙasa mai sanyi. Leda ruhaffiya gumi take tarawa, sai ruɓa. Buhu kuwa, a ganina, shi ke cinye ribar ƴan kasuwa da yawa: a ɗaure shi tam, a jehwa shi bisa kamiyo, wani ya zauna bisa. Kowane kwana ukku ka buɗe kwalin ka hidda wanda ya yi taushi.

Wanda ɓawonshi ya bushe ya yi tauri, ba lalle ya ɓaci ba, sau da yawa ɗiyan na nan da ruwansu. In mai saye ya yatsina huska, hwasa guda gabanshi ya ɗanɗana.

Tsagaggun ma ba na zubarwa ba ne, muddin ba su yi hunhuna ba. A Indiya shanya ɗiyan suke yi su bushe, su riƙa sa su miya don tsami. A Iran da Labanan matse ruwan suke yi, su dahwa shi da ƙaramar wuta har ya yi kauri kamar zuma. In za ka gwada, zuba shi kwalba wankakka wadda ta bushe sarai, ka toshe bakinta.