Ibrahim Shaddad: Daga Babelsberg Zuwa Omdurman

Bayan Yaƙin Duniya na Biyu Jamus ta rabu gida biyu, kuma ɓangaren Gabas ya riƙa ɗaukar ɗalibai daga ƙasashen Afirka da suka sami mulkin kai. Ɗaya daga cikinsu shi ne Ibrahim Shaddad, ɗan ƙasar Sudan, wanda ya koyi shirya fim a makarantar Babelsberg da ke Potsdam.

Fim ɗinsa na kammala karatu, Jagdpartie (1964), wato "ayarin farauta", an ɗauke shi ne a wani daji na Jamus. Abin farautar kuwa ba dabba ba ce, baƙar fata ne Turawa suka tasa gaba. Ba ƙaramar ƙarfin hali ba ce ɗalibi baƙo ya yi wannan a ƙasar da shekaru 19 kacal da faɗuwar mulkin Hitila.

Da ya koma gida sai ya juya ga rayuwar Sudan da tarihinta. Jamal (1981), "raƙumi" da Larabci, labarin raƙumi ne da aka rufe wa ido yana kewaya matsar man riɗi. Al Habil (1985), wato "igiya", yana bin wasu makafi biyu da jakinsu cikin hamada a zamanin mamayar Turkawa da Misirawa ta 1820. Abin lura a nan shi ne ƙarancin magana. Hoto da sauti ne ke ɗauke da saƙon, don haka wanda bai ji Larabci ba ma zai fahimta.

A 1989 Shaddad da abokansa, irin su Suleiman Ibrahim da Eltayeb Mahdi da Manar Al Hilo, suka kafa ƙungiyar masu fim ta Sudan. Cikin watan Yuni na shekarar Umar al-Bashir ya yi juyin mulki, aka haramta ƙungiyar, Shaddad ya yi gudun hijira zuwa Masar da Kanada.

Sai bayan shekaru 30 duniya ta sake jin labarinsu, ta hanyar fim ɗin Suhaib Gasmelbari, Talking About Trees (2019), wanda ba wasan kwaikwayo ba ne, rayuwarsu ce aka ɗauka yadda take. Dattawan huɗu na fafutikar sake buɗe wani tsohon gidan silima marar rufi a Omdurman. Suka share, suka wanke bango, suka tambayi matasan unguwa fim ɗin da suke so, har suna lissafin yadda za su kauce wa lasifikokin masallatan da ke kewaye. Hukuma ta yi ta ja musu rai, izini bai fito ba.

Fim ɗin ya ci kyautar bikin fina-finai na Balin a watan Fabrairun 2019, wata biyu kafin faɗuwar al-Bashir. A Balin ɗin ne kuma cibiyar Arsenal ta gyara tsofaffin fina-finan ƙungiyar ta mayar da su na kwamfuta, kafin yaƙin 2023 ya afka wa Khartoum da Omdurman.