Madubi da Tawada: Darasin Miyagawa ga Masu Kyamarar Kannywood

Tun fitowar fim ɗin Turmin Danya a Kano a 1990, ɗan kallo ya saba haddace sunan jarumi da na mawaƙi. Sunan mai ɗaukar hoto kuwa sai a ƙarshen fim yake giftawa, bayan kowa ya miƙe. Alhali shi ke zaɓa wa ido abin da zai gani.

A Japan wannan sana'a ta ɗaukaka a hannun Kazuo Miyagawa, haifaffen Kyoto a 1908. Da zanen tawada ya fara, inda ya koyi bambanta baƙi daga baƙi. A 1926 ya shiga kamfanin Nikkatsu, ya yi shekaru a ɗakin wanke fim kafin a damƙa masa kyamara.

Rashomon, na darakta Akira Kurosawa a 1950, shi ya fito da shi duniya. A lokacin ana ganin ganganci ne a fuskantar da kyamara ga rana. Miyagawa ya fuskantar, ta tsakanin ganyayen kurmi. Da inuwa ta rufe fuskokin 'yan wasa, sai aka ɗauko madubi aka karkato hasken rana kansu. Ruwan saman da aka zubo ya ƙi fitowa a hoto, aka gauraya shi da baƙar tawada. Fim ɗin ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Venice a 1951. Daga nan ya ɗauki Ugetsu a 1953 da Yojimbo a 1961. Ya rasu a 1999.

Ba tsadar kaya ce ta haifar da waɗannan dabaru ba, sanin halin haske ne. Wanda ya kai kyamara ƙauye irin Toranke a Ajingi zai tarar da nasa gwajin. Baƙar fata cikin farar shadda da tsakar rana: in an gyara wa fuska, riga ta ƙone, in an gyara wa riga, fuska ta nutse. Zaure duhu, ƙofarsa tana walƙiya. Maganin na kusa: a jira hantsi ko la'asar, a ja ɗan wasa inuwar darbejiya, a maido masa haske da farin allo. Hazon hunturu ma tausasa rana yake yi, kyauta.

Sai dai wannan na son lokaci, kuma furodusa ne ke riƙe da agogo. Muddin ana gaggawar gama fitowa goma kafin magariba, sabuwar kyamara ba za ta gyara komai ba.