Yadda Ake Dafa Gahawa Mai Daɗi A Gida

Mutane da yawa sukan sayi gahawa da kuɗi masu yawa, su kai gida su dafa, ta fito da ɗaci kamar maɗaci. Sai su yi ta zuba sukari, su ce mai kanti ya cuce su. Alhali kuwa galibi wajen dahuwa ne aka ɓata ta. To, bari mu duba yadda abin yake.

Asalin itacen gahawa daga ƙasar Habasha ne. A ƙarni na 15 Sufaye na ƙasar Yaman suna shan ta don su raya dare da ibada, daga can ta bazu cikin duniya. Iri biyu ne aka fi nomawa. Akwai Arabika, mai ƙanshi, wadda take son ƙasa mai tudu da sanyi, kamar tsaunin Mambila a Jihar Taraba. Akwai kuma Robusta, wadda ta fi ɗaci, kuma sinadarin nan mai hana barci, watau kafin, ya kusan ninka na Arabika a cikinta. Saboda haka abu na fari shi ne ka san irin da kake saya.

Abu na biyu, ajiya. Ƙanshin gahawa yana cikin 'ya'yanta da aka soya. Da zarar an daka su, iska ta shiga, sai ya soma gudu. Don haka ka sayi 'ya'ya kaɗan kaɗan, ka zuba cikin gwangwani mai murfi, nesa da rana da laima da kayan yaji. Kada ka daka sai abin da za ka sha a lokacin. Turmin kuma ya zama mai tsabta, domin in an daka daddawa a ciki, gahawarka za ta ba da labari.

Abu na uku, awo. Masana sun daidaita a kan giram 60 na gari ga lita guda ta ruwa, watau wajen babban cokali biyu ga kofi ɗaya. In garin ya yi kaɗan, sai ta yi salam.

Abu na huɗu, zafin ruwa. Ruwan da ya fi dacewa shi ne mai zafin digiri 90 zuwa 96 a ma'aunin Salsiyas. A bakin teku, kamar Ikko, ruwa yana tafasa a digiri 100, saboda haka sai ka sauke buta ka jira rabin minti ko minti guda. Amma a Jos, inda ƙasa ta yi tudu, yana tafasa wajen digiri 96, ba sai an jira ba. Dalili kuwa, iskar kan tudu ba ta danne ruwa kamar ta ƙasa. Malami na iya nuna wa yara wannan a darasin kimiyya.

Abu na biyar, lokaci. Ruwan zafi yakan fara jawo tsami da ƙanshi, ɗaci kuwa shi ne yake ƙaruwa daga baya. In garin yana da tsaki-tsaki, zuba masa ruwa, ka motsa, ka rufe minti 4, sa'an nan ka tace da farin ƙyalle mai tsabta. In ya yi laushi ƙwarai, rage lokacin. Takardar tacewa, wadda wata Bajamushiya, Melitta Bentz, ta ƙago a 1908, ita ma tana aiki sosai. In ka ɗanɗana ka ji tsami, ƙara lokaci ko laushin gari. In ka ji ɗaci, rage. Kada ka sake ɗora wadda ta huce a wuta. Mai son yaji ya jefa 'yar citta, yadda mutanen Sudan suke yi.

Saura gargaɗi ga ɗalibai masu kwana karatu. Bayan awa 5 da sha, wajen rabin kafin ɗin yana nan cikin jini. Wanda ya sha da isha'i, barci zai ƙaurace masa, gobe ya yi ta gyangyaɗi a aji. Babban mutum mai lafiya kada ya wuce kofi huɗu a yini, mace mai ciki kuwa ta rage ƙwarai. Kowane abu da iyakarsa. Allah ya sa mu amfana.