Ƙerarren gida da ginannen gida: bayani a kan « maison modulaire »

Masu fassara a gidajen rediyo da ɗalibai masu tattara kalmomin sana'o'i suna yawan cin karo da kalmomi biyu na faransanci, « préfabriqué » da « modulaire ». Wani ya bar su yadda suke, wani ya ce « gidan tafi-da-gidanka ». Wannan fassara ba ta dace ba, domin gidan da ake magana a kansa, in an riga an ɗora shi bisa tushe, ba ya zuwa ko'ina. Tun da ba a raɗa wa abu suna sai an san shi, wannan takarda za ta fara da bayanin abin kansa, sa'annan ta duba dalilin yaɗuwarsa a wasu ƙasashe da dalilin da ya sa gwajin da aka yi a Yamai cikin shekara ta 1949 ya tsaya ga gida guda.

1. Abin da ake nufi, da sunan da ya kamace shi

A ginin da muka saba, kayan aiki ne ke zuwa fili: ƙasa ko siminti, ruwa, itace, ƙarfe. Magini ya yi tushe, ya tada bango, ya yi rufi, kowane aiki yana jiran wanda ke gabansa. A ɗaya tsarin kuwa, ana yin mafi yawan aikin cikin masana'anta, a ɗauko shi da babbar mota, a harhaɗa shi a fili. Wani lokaci bangaye ne fale-fale ake kawowa. Wani lokaci kuma ɗaki ne sukutum kamar akwati, da ƙofarsa da tagoginsa da wayoyin lantarki da bututun ruwa, har da fenti, na'urar ɗaga kaya ta sauke shi kusa da ɗan'uwansa ko a bisansa. Dukansu biyu « préfabriqué » ne, amma na biyun ne kawai ake kira « modulaire » a bakin masu sana'ar. Girman akwatin ba daga sha'awar mai zane yake fitowa ba, daga hanya ne: a Turai faɗin babbar mota ba ya wuce metir 2,55 sai da izni na musamman da ƙarin kuɗi.

Aikatau « gina » bai dace da wannan aiki ba. A hausa ana gina ɗaki, ana gina tukunya, ana kuma gina rami ko rijiya, wato kalmar tana tafe da ƙasa da hannun da ke taɓa ta. Bukka da rumfa ba a gina su, kafa su ake yi. Abin da ya fito daga maƙera ko masana'anta kuwa, daga fartanya har mota, ƙera shi aka yi. Saboda haka muna ba da shawarar « ƙerarren gida », jam'i « ƙerarrun gidaje », a madadin « préfabriqué ». A madadin « module » kuma muna ganin « gaɓa » ta isa, kamar gaɓar kara ko gaɓar kalma: yanki ne cikakke da ke maimaituwa, wanda ake jerawa a sami abu babba. « Maison modulaire » ke nan « gida mai gaɓoɓi ». A lura dai wajen rubutu, musamman a na'urar da ba ta da baƙaƙe masu lanƙwasa: « gaba » ba tare da lanƙwasa ba awo ce, tsawon hannuwa biyu a miƙe, wadda ake auna zurfin rijiya da ita. Abin sha'awa shi ne « module » ɗin faransanci ma tana da wannan ma'ana ta awo a bakin masu zanen gini.

Dabarar kanta ba baƙuwa ba ce a ƙauyukanmu. Jinkar ɗaki a ƙasa ake ɗaure ta, a baibaye ta, sa'annan a yi gayya a ɗaga ta a ɗora bisa bango. Zana ma a wani wuri ake saƙa ta, a kawo ta kasuwa a naɗe.

2. Yadda abin ya yaɗu

Ƙerarrun gidaje sun fi yaɗuwa a lokacin da aka bukaci gidaje masu yawa cikin gaggawa, ma'aikata kuma suka yi ƙaranci. Bayan yaƙin duniya na biyu, Ingila ta kafa ƙananan gidaje sama da dubu 150 tsakanin 1945 da 1949, wasu daga cikinsu na alminiyom, waɗanda aka ƙera a masana'antun da suka gama ƙera jiragen yaƙi. An yi su ne don shekara goma, amma da yawa sun ninka haka sau da dama. A Faransa, injiniya Raymond Camus ya yi rajistar dabararsa ta manyan bangayen kankare cikin 1948, Tarayyar Sobiyet ta sayi dabarar, ta gina unguwanni da ita a zamanin Khrushchev. Suwidin ta gina gidaje miliyon ɗaya tsakanin 1965 da 1974, da yawansu da ƙerarrun sassa, kuma mafi yawan ƙananan gidajen katako na ƙasar daga masana'anta suke fitowa. A Japan, kamfanin Sekisui ya fara sayar da gida mai gaɓoɓi a farkon shekarun 1970, kamfanin motoci na Toyota ma ya shiga sana'ar. Misalin da ya fi shiga kunnen jama'a shi ne asibitin Huoshenshan na birnin Wuhan, mai gado 1000, wanda aka harhaɗa cikin kwana goma a farkon 2020.

Amfanin da ake ambatawa na gaskiya ne, kuma yana da dalili. Sauri yana zuwa ne daga yin ayyuka biyu a lokaci guda: ana haƙa tushe a fili, ana ƙera ɗakuna a masana'anta. Ruwan sama da sanyi ba sa tsayar da aikin da ake yi ƙarƙashin rufi. Ma'aikacin da ke maimaita aiki ɗaya kullum yana ƙwarewa, kuma duba aikinsa ya fi sauƙi a ƙasa da a ce yana bisa tsani. Ɓarnar kaya tana raguwa, tun da an yanke kome bisa awo, ragowar kuma ta shiga gida na gaba.

Batun araha ne ke bukatar a yi hattara. Masana'anta tana cin kuɗi ko tana aiki ko ba ta yi: ga injuna, ga haya, ga albashi. Magini kuwa, in aiki ya yanke, sai ya sallami leburori ya koma gona. Ƙerarren gida ba ya yin araha sai in ana sayen irinsa ɗaruruwa a jere, shekara bayan shekara. Da zarar masu saye sun ja baya, sai masana'antar ta durƙushe. Kamfanin Katerra na Amurka, wanda masu jari suka zuba wa sama da dala miliyar ɗaya, ya karye cikin 2021. A Ingila, Ilke Homes da masana'antar gidaje ta Legal & General sun daina aiki cikin 2023. Akwai kuma rauni na fasaha: ƙarfin irin wannan gini a mahaɗa yake. Ranar 16 ga Mayu 1968 iskar gas ta fashe a hawa na 18 na benen Ronan Point a gabashin Landan, kusurwar benen ta zube daga sama har ƙasa, mutum huɗu suka rasu, domin ba a ɗaure bangayen da juna yadda ya kamata ba. Kuskure a ginin hannu yana tsayawa ga gida ɗaya, kuskuren masana'anta kuwa yana bin duk gidajen da suka fito daga awo guda.

3. Gidan Prouvé na Yamai

Jean Prouvé (1901-1984) maƙeri ne tun asali, mutumin Nansi a gabashin Faransa, yana da masana'anta a Maxéville kusa da birnin. Shi da ƙanensa Henri suka tsara gidan da aka sani da « Maison tropicale », don ma'aikatan mulkin mallaka. Na farko an kawo shi Yamai ta jirgin sama cikin 1949, biyu kuma aka kai Barazabil cikin 1951. Gidan na ƙarfe ne da alminiyom, an tsara shi bisa awon metir ɗaya, kowane sashe mutum biyu na iya ɗaukarsa. Prouvé bai manta da zafi ba. Ya kewaye ɗakunan da baranda mai marufai da ake karkatawa don tare rana, ya yi rufi ninki biyu da kafa a tsakiyar sama, ta yadda iska mai zafi za ta tashi ta fita, mai sanyi ta shigo ta ƙasa. Ta fuskar tunani aikin ba shi da makusa.

Duk da haka gida uku kawai aka yi. Ya fi ginin da ake yi a wurin tsada ƙwarai, kuma ba abin mamaki ba ne in aka auna shi da sharuɗɗan da muka gani a sama. Masana'antar tana nesa da filin da dubban kilometir. Ba a sayi ɗaruruwa ba, balle kuɗin injuna ya rarrabu. Abin da ƙerarren gida ke ragewa shi ne aikin hannu a fili, alhali a Yamai ta wancan lokaci aikin hannu da ƙasa su ne abubuwa mafi araha. An yi tanadin abin da ba shi da tsada, an biya kuɗin jirgi a kan mai tsada.

Ƙarshen labarin ya cancanci a faɗe shi. Wajen shekara ta 2000 wani dillalin kayan tarihi Bafaranshe, Éric Touchaleaume, ya sayi gidajen uku, aka kwance su aka mai da su Faransa. Cikin 2007 an yi gwanjon ɗaya daga cikin na Barazabil a Niyok a kan kusan dala miliyon 5, ɗayan kuma ya shiga taskar Centre Pompidou a Paris. Manthia Diawara ya yi fim a kan wannan al'amari cikin 2008. Sauƙin kwancewa da aka yaba wa gidan da shi, shi ne ya sa aka iya ɗauke shi, aka bar wa Yamai daɓen kankare.

4. « Maison » da « gida »

Akwai wata matsala da kalmomi ke ɓoyewa. « Maison » gini ɗaya ce da ake tsarawa a gama. « Gida » kuwa fili ne kewayayye mai zaure da tsakar gida da ɗakuna, wanda ke girma tare da iyali: a yi aure a ƙara ɗaki, ɗa ya girma a yanke masa sashe. Ta wannan fuska gidan Bahaushe mai gaɓoɓi ne tun fil azal, sai dai gaɓoɓinsa cikin shekaru suke zuwa. Haka ma kuɗinsa. Ma'aikaci ko ɗan kasuwa ya sayi fili, bana ya buga bulo ɗari biyar, baɗi ya tada bango, in ya sami sarari ya sa kwano. Ginin shi ne asusunsa. Masana'anta kuwa tana son a biya ta gaba ɗaya, wato sai da bashin banki na shekaru masu yawa, wanda mafi yawan jama'a ba su da hanyar samu. A ƙasar da ba ta da gaɓar teku, wadda tashar jiragen ruwa mafi kusa take da nisan kilometir kusan dubu daga babban birninta, jigilar ɗaki sukutum jigilar iska ce a cikin akwati.

Wannan ba ya nufin ginin ƙasa ba shi da aibi. Yana son yaɓe a kai a kai, azara ta yi wuya tun da giginya ta ragu, kuma ruwan 2020 da na 2024 ya rusa gidaje masu ɗimbin yawa, har da tsohon masallacin Damagaram da ya faɗi a watan Satumba na 2024. Amma bango mai kauri na ƙasa yana riƙe zafin rana, ba ya sakinsa ciki sai dare ya yi, abin da falle na ƙarfe ba ya iyawa sai da na'urar sanyaya ɗaki. Duk wanda ya shiga kwantenar da aka mayar ofis a watan Afirilu ya san haka. Takardun hukuma suna kiran siminti da kwano « matériaux définitifs », kamar dai ƙasa abin wucin gadi ce, alhali gidajen unguwar Birni a Damagaram sun girmi duk wani ginin siminti na ƙasar. Bai kamata mai fassara ya shigo da wannan hukunci cikin hausa ba: « ginin siminti » da « ginin ƙasa » sun wadatar. An kuma yi ƙoƙarin gyara ginin ƙasar kansa, kamar « gini ba itace » mai rufin ƙubba, wanda aka fara a Cikal cikin 1980, da rukunin gidaje na « Niamey 2000 » da Mariam Kamara da abokan aikinta suka gina da matsattsen tubali cikin 2016.

Inda muke ganin sharuɗɗan masana'anta sun cika a Nijar shi ne ajin lakwal. Mai saye ɗaya ne, wato hukuma, awo ɗaya ne, bukata kuma dubbai ce a kowace shekara. Azuzuwan zana sun ci rayukan yara ashirin a gobarar Yamai ta watan Afirilu 2021, sun kuma ci sama da ashirin a Maraɗi a watan Nuwamba na shekarar. A nan ba sai an kawo ɗaki sukutum daga ƙetare ba. Ginshiƙai da ƙarafan rufi da ƙofofi da tagogi ana iya ƙera su bisa awo guda a wajen masu walda na Maraɗi da Damagaram da Tawa, su tafi a kwance cikin mota ɗaya, maginan garin su cike bango da tubalin da aka buga a wurin. Irin wannan aji « ƙerarre » ne daga rufi zuwa ginshiƙi, « ginanne » ne a bango, kuma ƙamus zai bukaci kalmomin biyu a shigarwa ɗaya.