Rikicin Iyakar Gona: Inda Hurumin Kotun Sama Ya Tsaya

Da zarar ruwan farko ya sauka a ƙasar Dutse, Kiyawa da Jahun, sai tsofaffin rigingimun iyaka su farka. Wani ya tura kunya ɗaya cikin gonar maƙwabci, wani ya tuge gambar da kakanni suka dasa a matsayin shaida. Tun da Dutse ta zama babban birnin Jigawa a 1991, aka kuma buɗe jami'ar tarayya a 2011, gonakin bakin gari suka koma filaye masu tsada, taku ɗaya ma ya zama abin shari'a. Wanda aka kayar a kotun farko yakan fito yana cewa, "Sai mun je sama." Amma ikon kotun sama yana da iyaka, kamar yadda gonar take da ita.

Iyakar farko ta hurumi ce. Mutane da yawa sun ɗauka duk hukuncin da ya fito daga kotun shari'ar Musulunci, gaban Alƙalin Alƙalai ake kai shi. Sashe na 277 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya taƙaita hurumin Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ga al'amura irin su aure, riƙon yara, gado, wasiyya, kyauta da waƙafi. A shari'ar Magaji da Matari ta shekarar 2000, Kotun Ƙoli ta tabbatar da cewa jayayya kan mallakar gona zalla ba ta cikin wannan hurumi. Saboda haka idan magada ne ke saɓani kan rabon gonar mahaifinsu, ƙofar a buɗe take. Idan kuwa maƙwabta ne ke ja-in-ja kan inda iyaka ta bi, Babbar Kotun Jiha ce hanya. Wanda ya ɓata ƙofa yana iya yin nasara, bayan shekaru a rushe hukuncin baki ɗaya don rashin hurumi.

Iyaka ta biyu ta shafi hujja. Alƙalin farko ne ya ga shaidu ido da ido, ya taka gonar, ya saurari dattawan gari a gindin bishiyar da ake jayayya a kanta. Alƙalan sama kuwa takarda ce a gabansu. Shi ya sa ba kasafai suke sake auna shaida ba, sai an nuna musu cewa an saɓa doka, ko an hana wani ɓangare damar kare kansa, ko hukuncin bai dogara da abin da aka shaida ba.

Wannan ba baƙon abu ba ne a fiƙihun Malikiyya. Malamai irin su Alƙarafi sun bayyana cewa ba a warware hukuncin alƙali sai ya ci karo da nassi, ko ijma'i, ko ƙiyasi bayyananne, ko ƙa'idojin shari'a. Ga kuma hukuncin hauzi da ke cikin Tuhfatul Hukkam ta Ibnu Asim: wanda ya zuba ido bare yana noma gonarsa shekara 10, yana gari, babu abin da ya hana shi magana, da'awarsa ta faɗi.

Abin da ya kamaci magidanci shi ne ya tsare haƙƙinsa tun daga tushe: a rubuta ciniki da rabon gado, a kafa alamu a gaban mai unguwa da maƙwabta, a kuma gabatar da kowace hujja a zaman farko.

Wanda ya ci shari'a da zaƙin baki kuwa, ya tuna Manzon Allah (SAW) ya yi gargaɗin cewa hukuncin alƙali ba ya halatta haram, kuma Muslim ya ruwaito la'ana a kan mai sauya alamun ƙasa. Akwai kotun da ba a ɗaukaka ƙara bayanta. Allah Ya sa mu gama lafiya.